Mayen ƙarfen neyodimiyom a wajen sayen tsofaffin ƙarafa

Sana'ata zubin tukwanen alminiyam ce a nan Maraɗi, kuma riba ko hasara tun wajen sayen kaya daga ƴan gwangwan take farawa. Da can baƙin mayen ƙarfe na tsohuwar sifika nake tantance kaya da shi. Bana na sayi wani ɗan ƙarami mai ƙyalli a Babbar Kasuwa, jika 2, faɗinsa bai wuce na kwandalar dala ashirin ba. Neyodimiyom ake ce masa.

Ƙarfinsa ya wuce girmansa nesa ba kusa ba. Ƙusa ko noti da ya maƙale cikin tsohon kan injin mota, ko da fenti da baƙin mai sun rufe shi, hannunka zai ji ana fizgarsa. A wurinmu wannan babban abu ne. Alminiyam na narkewa a digiri 660, baƙin ƙarfe sai ya haura 1500, amma idan ya daɗe cikin narkakken alminiyam wani ɓangarensa yana shiga ciki, tukunya ta fito da gautsi, ta tsage a hannun mai ita. Mace ta tara kuɗinta ta saya, kunyar a kanka take.

Ɗan yayana da ke karatu a Jami'ar Ɗan Dikko Ɗanƙulodo ya warware mani dalilin da ya sa yake kama wani ƙarfe ya bar wani. Ya ce: "Kawu, kowace ƙwayar zarra tana da ƴan ƙananan abubuwa, ilektiron, kowanne ɗan maganaɗisu ne. A jan ƙarfe, zinariya da dalma ƙarfinsu yana kashe na juna. A baƙin ƙarfe, nikel da kobal kuwa akwai waɗanda ba su da abokin kashewa, suna haɗuwa rukuni-rukuni, da mayen ƙarfe ya matso sai su fuskanci wuri guda kamar sahun salla." Zafi kuma yana wargaza jerin, shi ya sa baƙin ƙarfe da ya kai digiri 770 ba ya kamuwa sam. Na gwada da ƙarfen da ya yi jawur a wuta, da tsohon mayen sifika, haka ne kuwa.

Sai dai tambaya ɗaya kawai yake amsawa: akwai baƙin ƙarfe ko babu? Ita ma ba kullum ba. Akwai inoks, irin na cokula da kwanuka masu kyau, wanda yawancinsa baƙin ƙarfe ne har da nikel a ciki, amma tsarin ƙwayoyinsa ya hana shi kamuwa. Wanda bai saba ba zai auna shi a kuɗin alminiyam, sai nauyi ne ke tona shi. Haka wayar alminiyam da aka shafe da jan ƙarfe, sai ka kankare ta da wuƙa.

Abin da ya fi damuna shi ne mayen neyodimiyom ba ya jure wuta. Irin wannan na kasuwa yana fara raunana tun daga wajen digiri 80, kuma ƙarfin ba ya dawowa, don haka nesa da murhu nake ajiye shi. Yana kuma ɓantarewa idan ya haɗu da ƙarfe da ƙarfi, nawa har gefensa ya ɗan cire. Masu ƙananan yara su yi hattara ƙwarai, don idan yaro ya haɗiye biyu suna iya manne hanji su huda shi.

Ga mai sayen ƙarafa ya ci kuɗinsa. Ka nemi wanda ke cikin gidan roba mai marfi, ka ɗaura masa igiya a wuyan hannu.