Burodin cuku na garin rogo a unguwar Zariya

Makonni uku ke nan ina komawa wani ƙaramin shagon gashin burodi da ke unguwar Zariya a nan Maradi, saboda wasu ƴan dunƙulen burodi da ba su wuce girman ƙwan kaza ba, waɗanda babu ko ƙwayar alkama a cikinsu. Asalin wannan burodi jihar Minas Gerais ce ta ƙasar Brazil, inda ake kiransa pão de queijo, kuma da farin garin da ake tacewa daga rogo ake yinsa, mai laushi kamar hoda, ba garin kwaki da muke jiƙawa da sukari ba.

Hajiyar da ke da shagon ta bar ni na tsaya na ga yadda take kwaɓi. Ta tafasa madara da mai da gishiri, ta sheƙa su a kan garin tun suna tururi, sai da ya sha iska ta fasa ƙwai, sannan ta zuba cuku. Ba a sa yis, domin tururin da ya maƙale a cikin kwaɓin shi ke kumbura shi a tanderu cikin kamar minti 25. Abin da ya fi burge ni shi ne busasshen cukunmu na Abzinawa, wanda muke ci da shayi, shi take dakawa ta haɗa da kaɗan daga cikin na kanti mai narkewa. Da na tambayi dalili sai ta ce: "Ɗana, namu ƙamshi gare shi, amma ba ya narkewa, dole a nemo masa mataimaki."

Idan aka ba ka shi da zafinsa, ɓawonsa siriri ne mai ƙaras-ƙaras, kana ɓarawa kuma sai ka ga cikin yana miƙewa da danƙo, ƙamshin cuku ya daki hanci. Gishirin ya zauna daidai, man ma bai yi yawa ba.

Sai dai akwai inda ya gaza. Ranar da na saya da safe na ajiye wa mahaifiyata har la'asar, ya yi tauri ta yadda ba ta iya tauna shi ba, kuma babu wanda ya gargaɗe ni a shagon cewa haka garin rogo yake idan ya huce. Ya kamata a riƙa faɗa wa masu saye su ɗumama shi. Ni dai yanzu da hantsi nake zuwa, lokacin da ake sauke faranti na biyu.