Sharhi: talabijin mai inci 43 da baƙin layin finafinan faɗa

Ta bango ce, irin waɗanda suka cika shagunan unguwar PZ ta Zariya da Sabon Gari. Launinta ba laifi, sauti kuwa sai an haɗa mata sifika. Inda ta ba ni haushi shi ne saitin girman hoto.

Fuskarta 16:9 ce (wato ma'aunin faɗi a kan tsayi), faɗi wajen santimita 95, tsayi 53. Finafinan faɗa da yawa, na Amurka da na Indiya, a 2.39:1 ake fitar da su. Idan aka zaunar da irin wannan fim daidai, tsayin hoton santimita 40 ne kawai, sai baƙi kusan santimita 7 sama da ƙasa. Wannan ba lalacewa ba ce, haka darakta ya tsara abinsa.

Tawa ta zo a kan saitin Zoom, wai don hoto ya cika fuska. Cikawar nan tana cinye kusan kashi ɗaya cikin huɗu na faɗin hoton. A wurin hira ba za ka lura ba. A wurin faɗa kuwa, jarumi yana tsakiya, sai ka ga ƙafa ta shigo daga dama ba mai ita, an sare yaron bos gaba ɗaya. Tseren motoci ya fi muni: motar da ke binsa a gefe ta ɓace, sai ƙura. Saitin Wide kuma ba ya yanka, miƙe hoton yake yi, tayar mota ta koma ƙwai.

Gyaran ba wuya. Shiga saitin hoto, zaɓi Original, sannan a duba dikoda ko kwamfutar da aka jona, ita ma a sa ta a 16:9. Idan fim ɗin filasha ne da aka turo a shago, wani sa'in tun can aka matse shi, rimot ba zai warware ba.

Ta burge ni a finafinan da aka yi wa bugun IMAX, irin na manyan allunan silima, inda hoto ke buɗewa zuwa 1.90:1 idan faɗa ya kaure. Baƙin yana raguwa zuwa ƙasa da santimita 2, ba tsalle ba ƙiftawa. Sai dai a ɗaki mai duhu baƙin nata toka-toka ne, fitilar baya na leƙowa ta kusurwa. Rage hasken bayan zuwa rabi yana taimakawa.

Ga falon gida ta isa. Mai gidan kallo ya nemi inci 55, don na bencin baya ba zai yafe tsayin santimita 40 ba.