Daren barkwanci don Sudan: na yi dariya, amma ina jiran lissafi

Maman Amira ce ta sayi tikitin, ni da farko ƙin zuwa na yi. Tun watan Agustan 2024 aka tabbatar yunwa ta kama sansanin Zamzam kusa da garin El Fasher a Sudan, sai a ce mu taru a zaure a Manchester muna ƙyalƙyala dariya? Ta ce, "Haba Baban Amira, ai haka ƙungiyar agaji ta Comic Relief ta faro a 1985 lokacin yunwar Habasha, su ɗan barkwanci Lenny Henry. Ranar jan hanci, wato ranar da suke tara gudummawa, ta farko a 1988 fam miliyan 15 suka tara." Na ce to, mu je. Wannan dai ba nasu ba ne, wasu matasa ne suka haɗa.

Masu barkwanci biyun farko ba su burge ni ba, ga ginshiƙi ya tare mini rabin dandali. Sai wani saurayi ɗan Sudan ya hau. Kakarsa ya riƙa kwaikwaya, yadda take kiransa ta WhatsApp ta manna wayar a kunne alhali kiran bidiyo ne, shi kuma kunnenta kawai yake gani. Kafin gaisuwa sai ta tambaye shi sau uku ko ya ci abinci, wai a Ingila babu mai iya tuƙa asida. Wallahi sai da na riƙe ciki, Hajiyarmu sak! Can sai ya sauke murya, ya ce a kiran ƙarshe ba ta tambaye shi ba. Bai ƙara komai a kai ba. Zauren ya yi tsit. Da bokitin tara gudummawa ya iso layinmu, har kuɗin fakin na zuba.

Da a nan aka tashi, da ban da abin cewa sai yabo. Amma a mota na duba rasit, ashe fam huɗu-huɗu aka ɗora wa kowane tikiti wai kuɗin yankan tikiti. A taron taimako! Kafin nan ma na tambayi yaron da ke bakin ƙofa nawa ne zai isa Sudan, kuma ta hannun wa. Ya sosa ƙeya ya ce za a sa a intanet. Yau sati uku, kullum sai na leƙa, hotuna kawai suke ɗorawa.

Saurayin nan ko gobe ya dawo zan biya in kalle shi. Sadakata kuwa, sai na ga lissafin wancan bokitin tukuna.