Yini guda a kangon Mayawa: abin da suka fi mu da abin da muka fi su

Assalamu alaikum Yaya, ya gida ya su Hajiya da yara, ya kuma zafi. Ka matsa min in baka labarin zuwan mu Meksiko tunda kaga hotuna, to gashi nan amma ka gyara zama don yana da ɗan tsawo. Daga nan Teksas zuwa Kankun, garin shaƙatawa na bakin teku a Meksiko, awa biyu da ɗan wani abu ne a jirgi, kuma wanda yake da takardar zama a Amurka ko biza mai rai basa neman wata biza a hannunshi, shi yasa mutanen mu na nan suke yawan tsallakawa in an samu hutu. Bakin teku dai bakin teku ne, ba shi zan baka labari ba. Yinin da muka yanki tikiti aka kai mu tsohon birnin Mayawa, wato mutanen asali na yankin, da ake ce ma Cicen Itsa, da wurin wanka, shi ne abin da nake so ka ji, saboda kai da kake harkar motocin haya akwai abin dubawa a ciki.

Ka fara da yadda ake sayar da abin. A waya zaka biya, su turo maka saƙo a WhatsApp cewa mota zata zo ƙofar otel ƙarfe bakwai na safe, kuma wallahi bakwai ɗin nan bakwai ce, direba ya sauko da takarda yana kiran suna, in baka fito ba bayan 'yan mintuna sai dai kaji labari. Babu zancen sai mota ta cika, babu yaron mota yana cusa mutum huɗu a kujerar mutum uku, babu tsayawa shan mai da fasinja a ciki. Doguwar bas ce mai AC har da bayi a baya. Tafiyar wajen kilomita 200 ce, titi ɗoɗar a miƙe cikin daji, ana biyan kuɗin hanya amma kana ganin inda kuɗin yake tafiya, ko rami ɗaya ban ji mun faɗa ba. Wani abu da ya ɗaure ma mutane kai, jihar da Kankun take da jihar Yukatan inda kangon yake agogonsu ba ɗaya bane, akwai bambancin awa guda, sai kaga waya ta koma baya da kanta, shi yasa jagoran namu tun a mota yace kowa ya bi agogon hannunshi shi, kar wani yazo yana musu.

Amma fa kar ka ɗauka waliyyai ne. Kuɗin da zaka gani a talla da manyan baƙi ba shi ne kuɗin ba. Can ƙasa da ƙananan rubutu zasu ce ban da kuɗin shiga, shi kuma kuɗin shigar gida biyu ne, na gwamnatin tarayya daban na jiha daban, in ka haɗa baƙo yana biyan sama da peso 600 na kuɗinsu, ɗan ƙasa kuma nashi bai kai haka ba. Sannan rigar ruwa mai hana nutsewa haya, akwatin ajiye kaya haya, lemon da zaka sha wajen cin abinci ba ya cikin lissafi, mai hoto nashi daban, da yamma kuma a zagayo da kwando wai ihsani ga direba da jagora. Duk da murmushi ake yi da sannu da zuwa, har rasit a baka, babu wanda zai ɗaga maka murya ko ya riƙe maka riga, amma in ka dawo ka zauna ka lissafa sai kaga abin ya kusa ninkawa. Ni dai ban ji haushi sosai ba don duk abin da suka ce zasu yi sun yi, kawai dai da sun faɗi gaskiyar kuɗin tun farko da yafi.

Kafin mu isa sai da aka tsaya damu a wani shagon tsaraba wai ƙauyen masu sana'ar hannu, aka ci mana kusan awa, kuma ko ba a faɗa maka ba kasan da kamasho a ciki. Nan suka fito da giyarsu wai a ɗanɗana kyauta, muka ce mun gode muka koma gefe.

To shi kanshi birnin, gaskiya Yaya abin kallo ne. Kana fitowa daga cikin itatuwa sai kaga ginin nan a tsakiyar fili, dutse ne zalla aka sassaƙa aka jera hawa tara yana tsukewa zuwa sama, tsawonshi wajen mita 30 in ka haɗa da ɗakin da ke bisa. Kowane gefe cikin huɗun yana da matakala 91, ka lissafa 364 kenan, ka ƙara dandamalin sama ya zama 365, kwanakin shekara. Mutanen da ba su da ƙarfe ba su da jaki ba su da amalanke fa. A watan Maris da Satumba lokacin da dare da rana suke daidaita, inuwa tana saukowa ta gefen matakalar arewa ta haɗu da kan macijin dutse da ke ƙasa, sai kaga kamar maciji yana gangarowa, shi ne abin bautarsu Kukulkan. Mu bamu zo a lokacin ba, a hoto jagora ya nuna mana. Abin da muka gani da idonmu, ko ince muka ji da kunnenmu, shi ne tafi. Ya jera mu a gaban matakalar yace kowa ya tafa sau ɗaya, sai ƙarar ta dawo ba a matsayin tafi ba, wani siririn kuka take dawowa dashi irin na tsuntsu, ƙiiiw, kuma in ka matsa gefe kaɗan sai ya ɓace. Maman Ummi sai da ta tafa har hannunta yayi ja. Yanzu an hana hawa, an zagaye da igiya, kuma igiyar nan siririya ce ko yaro zai tsallake amma babu mai tsallakewa don masu gadi suna nan kuma tara ce mai zafi.

Akwai filin ƙwallonsu, tsawon mita 168, bango biyu dogaye, a jikin kowanne an maƙala zoben dutse can sama wajen mita 6, ƙwallon roba ce mai nauyi kuma da ƙugu ake bugawa ba hannu ba ƙafa. A jikin bangon an sassaƙa hoton ɗan wasa an fille mai kai jini yana fita kamar macizai. Akwai kuma wata ƙatuwar rijiya ta halitta a ƙarshen wata hanya, faɗinta wajen mita 60, ruwan kore shar, nan suke jefa zinariya da duwatsu masu daraja har da mutane don neman ruwan sama, an yaso ta a farkon shekarun 1900 an fito da ƙasusuwa. Na tsaya a bakinta nace Alhamdulillahi da ni'imar Musulunci. Birnin yayi tashenshi tsakanin shekarar 600 zuwa 1200, kaga kenan lokacin da Sarki Gijimasu ya fara ganuwar Kano su nasu ya fara ja baya. UNESCO ta sa shi a jerin kayan tarihin duniya a 1988, a 2007 kuma aka zaɓe shi cikin sababbin abubuwan mamaki bakwai na duniya, yanzu sama da mutum miliyan 2 ke shiga duk shekara, kai da ka iya lissafi sai ka buga da kuɗin ƙofa.

Inda suka burge ni da gaske shi ne jagoran. Wani gajeren dattijo ne Bamaye, da katin shaida na gwamnati rataye a wuya, sai da yayi karatu yaci jarrabawa kafin a bashi, yana jin Sifaniyanci da Turanci da yarensu na Maya wanda har yau dubban ɗaruruwan mutane suke yi a yankin. Da laima a hannu yake tafe yana neman mana inuwa, da sanda ya zana mana lambobinsu a ƙasa, ɗigo ɗaya ne, sanda biyar, da wata alama kamar katantanwa ita ce sifiri, kuma da ashirin ashirin suke ƙirga ba goma goma ba. In ka tambaye shi abin da masana suka yi saɓani a kai sai yace maka ga maganar wasu ga ta wasu, baya yanko maka tatsuniya. Wannan sana'a ce da mutum yake ci da iyalinshi da ita da mutunci. Mu kuwa muna da Dala da Gidan Makama da marinar Ƙofar Mata da Gobarau da Kusugu, dattawan da suka san labarin suna nan da ransu, amma baƙo yazo sau da yawa sai dai wani yaro ya biyo shi yana faɗin abin da ya ga dama.

Kaya kuwa, a nan ne na ɗaga kai. Cikin kangon nan duk hanyar da ka bi 'yan tebur ne jere, kowa yana kiran dala ɗaya dala ɗaya, kana ɗauka sai kaji ashe dala ɗayan na wani ɗan mitsitsin abu ne a gefe, wanda ka riƙe ashirin ne. Suna busa wani usur na yumɓu mai kukan damisa har kunne ya gaji. Yawancin kayan iri ɗaya ne tebur bayan tebur, fuskokin katako da faranti da riguna, kana gani kasan na inji ne. Jakar fata da na duba ko kusa bata kama ƙafar ta Kurmi ba, ɗinkin sama sama, fatar kamar kwali. Ciniki kuma basu san dawa suke yi ba, Turawa suna biyan abin da aka faɗa, ni kuwa na taya rabin rabi nayi kamar zan wuce, sai gashi ya biyo ni yana amigo amigo, wato aboki. Abu biyu ne zan yaba, ragar kwanciya da suke saƙawa da hannu wadda ake ɗaurewa tsakanin itace biyu, da farar rigar matansu mai surfanin furanni a wuya da gindi, wannan aikin hannu ne na gaske kuma kuɗinshi ma ya nuna.

Abinci sai ka yi hattara. Kowa ya ɗebi son ranshi ne, amma abin da suka fi ji dashi a Yukatan naman alade ne da ake gasawa cikin ganyen ayaba, kuma ko waken da kake gani kamar babu komai sau da yawa da kitsen alade ake soya shi, sai ka tambaya. Mu shinkafa muka ci da kifi da ganye da wainar masararsu, da wani yajin attaruhu da zan ce maka har mu sai da muka sha ruwa. Sai ga jan abu a jug, na kurɓa, Yaya zoɓo ne, zoɓon mu sak sai dai babu citta babu kanumfari, lami. Ga na tsamiya ma a gefe. Kuma kasan Meksiko tana cikin manyan masu sayen zoɓon Najeriya, irin wanda ake lodawa daga Jigawa da Kano, wato mai yiwuwa na gidanmu na saya a kofi da kuɗin da zai sai min kwano a can.

Sai wajen wanka. Ƙasar Yukatan farar ƙasa ce mai ramuka, kusan babu kogi a sama, ruwan duk a ƙarƙashi yake gudu, inda rufin ya rufta sai ya zama rami mai ruwa, suna ce masa senote, kuma dubbai ne. Wanda aka fi sani kusa da kangon shi ne Ik Kil, ruwan yana can ƙasa kamar mita 26, zaka sauka ta matakala da aka fafe cikin dutse, jijiyoyin itace sun zubo tun daga baki har suna taɓa ruwan, ga wasu baƙaƙen tarwaɗa ƙanana suna yawo tsakanin ƙafafun mutane, zurfin kuma ya kai mita 40. Dole kayi wanka a shawa kafin ka shiga don kar mai da turare su ɓata ruwan, ga rigar ruwa, ga masu ceto a tsaye da usur. Ruwan sanyi gare shi, bayan ranar da muka sha kamar an zuba maka rai. In don daɗin ruwa ne ni har gobe Wikki ta Yankari ta fi min, ɗuminta digiri 31 rani da damina kuma kana ganin yashin ƙasa, amma wurin canza kaya da bayi da tsabta na nan abin a yaba ne, ma'aikaci yana tsaye da tsumma duk wanda ya fita ya goge. Buta ce dai babu, gorar ruwa muka riƙe. Maganar suturar mutane kuma sai dai kayi ta kau da kai, amma Maman Ummi ta shiga da doguwar rigar wankanta da hula babu wanda ya ko kalle ta. A bayan wurin ajiye motoci muka shimfiɗa tawul muka haɗa azahar da la'asar, direban ma shi ya nuna mana inuwar.

A dawowa an tsaya Bayadolid, tsohon garin da Sifaniyawa suka kafa a 1543, minti talatin kacal aka bamu, mun zaga dandali mun ga cocin mun sha askirim aka ce a hau mota. Bamu shiga otel ba sai bayan isha, ƙafa duk ta kumbura.

Ragar kwanciyar guda biyu na saya, ɗaya ta Baba ce, zan ba wanda zai taho bayan sallah ya kawo, a ɗaura masa a gindin darbejiyar tsakar gida amma a sa igiya mai ƙarfi. Sannan dan Allah in ka shiga Dawanau ka tambayo min nawa ake sai da buhun zoɓo yanzu, da kuma su waye suke fitar dashi waje, ina so in ji yadda ake yi.