Keke mai lantarki da jagora ko bas mai buɗaɗɗen sama: wanne ya fi dacewa a Lisbon?

Malam, na ga tambayarka. Ka ce taro zai kai ka Lisbon, babban birnin Fotugal, kwana ɗaya da rabi ne kawai naka na kanka, kuma kana so ka ga garin. Ka rasa wanda za ka zaɓa tsakanin bin ayarin masu yawo a kan keke mai lantarki da jagora a gaba, da hawa motar bas ta 'yan yawon buɗe ido, mai hawa biyu, wadda samanta a buɗe yake. Ka ƙara da cewa gwiwarka ta dama tana damunka idan ka hau bene, kuma rabonka da keke ya kai shekara 15. Na hau duka biyun a garin, don haka bari in jera maka su kafaɗa da kafaɗa. Tun farko in faɗa maka inda na karkata: keke na fi so maka, amma da sharaɗi guda, zan zo kansa.

Sai ka san shimfiɗar garin kafin maganar ta zauna. Lisbon tana bakin inda Kogin Tejo ya buɗe ya yi faɗi kamar teku, dab da shigarsa Tekun Atlantika, kuma ana yi mata kirari da birni mai tuddai bakwai. Fuska biyu gare ta. Akwai bakin ruwa, shimfiɗe kamar tabarma, daga babban dandalin Praça do Comércio har unguwar Belém, tafiyar kilomita 7 da ɗoriya. Akwai kuma tsofaffin unguwannin da ke maƙale a jikin tuddai, Alfama da Mouraria da Graça, masu lunguna da matattakala da daɓen ƙananan duwatsu. Duk abin hawan da za ka zaɓa, a wata fuskar zai yi maka rana, a wata ya gaza.

Mu fara da gwiwa, tunda ita ce damuwarka. A bas babu abin da za ta yi sai hawa matattakalar zuwa sama, ka zauna, shi ke nan. Sai dai bas ba ta kai ka bakin abin kallo. Takan sauke ka a tasha, ragowar tafiyar a ƙafa ce, kuma a Lisbon ragowar nan sau da yawa hawa ce mai tsini a kan duwatsu masu santsi. A nan gwiwa take shan wuya. Keke mai lantarki kuwa ba babur ba ne, kada ka yi masa wannan kallon. Irin wanda ake bayarwa a Turai ba ya tafiya sai kana juya feda. Da ka taka, na'urar da ke jikinsa ta ji, inji ya ƙara maka ƙarfi a kan naka. Dokar Tarayyar Turai ta tsayar da ƙarfin injin a wat 250, kuma da ka kai gudun kilomita 25 a awa taimakon ya yanke. Mutumin da ba ɗan tsere ba, idan yana tuƙi a natse, abin da ƙafarsa ke bayarwa bai wuce wat 100 ba, ka ga injin ya ninka shi fiye da sau biyu. A kan hannun keken akwai maɓallin da za ka ɗaga taimakon ko ka rage. Saboda haka ƙafa tana juyawa ne kawai, nauyin jikinka yana kan sirdi, ba a kan gwiwa ba kamar hawan bene. Da yawa daga masu ciwon gwiwa sun fi samun sauƙin juya feda a kan taka matattakala, amma kai ka san jikinka, idan likita ya taɓa hana ka lanƙwasa ta da yawa, maganarsa ce a gaba da tawa.

Ba na manta hawan da muka yi zuwa Senhora do Monte, wurin hange da ke can ƙololuwar Graça. Mu 9 ne da jagora. A gindin tudun ya tsayar da mu, ya bi mu ɗaya bayan ɗaya yana duba giya, ya ce kowa ya sauko da ita ƙasa, ya ɗaga taimako zuwa ƙarshe, kuma kada wanda ya tsaya a tsakiyar hawa. A gabana akwai wata dattijuwa mai furfura, na ɗauka sauka za ta yi ta tura. Sai ga ta tana haurawa a hankali, bayanta a miƙe, ba ko haki, sai ƙarar injin siririya kamar ta keken ɗinki. Da muka kai sama, ga jajayen rufin gidaje har bakin ruwa, ga ganuwar São Jorge a gefe, ga jar gada can nesa. Babbar bas ba ta hawa wurin nan.

Wannan ya kawo mu ga abin da ido zai gani. Daga saman bas kana ganin gari daga tsayi: manyan tituna, dandali, fuskokin gine-gine, faffaɗan titin Avenida da Liberdade da bishiyoyinsa. Hoto yana kyau daga can, kuma tana zagaya wurare masu nisa da juna waɗanda yawon keke na awa 3 ba zai haɗa ba. Amma tana bin hanyar da motoci ke bi, ta tsaya inda suka tsaya, cunkoso ya riƙe ta kamar kowa. Keke yana bin gefen ruwa sosai, a kan hanyar da aka ware masa zuwa Belém. Kana jin warin gishiri, kana wuce masu kamun kifi da ƙugiya, sannan ka shiga ƙarƙashin gadar 25 de Abril, wadda aka buɗe a 1966. Wani ɓangare na shimfiɗarta ragar ƙarfe ce, don haka idan motoci na wucewa a sama sai ka ji wani gunji mara yankewa kamar taron ƙudan zuma. Mun tsaya a wurin mun yi shiru muna saurare. A bas da ƙyar za ka ankara da shi, ka riga ka wuce.

Akwai inda duka biyun suka gaza, gara in faɗa. Cikin zuciyar Alfama lunguna ne da matattakala, wasu ko mutum biyu ba sa jerawa. Bas ba ta shiga, keke ma sai ya bi ta gefe. Wurin nan na ƙafa ne, ko na ɗan taragon titi mai lamba 28, rawayan nan da ke kan kowane hoton Lisbon, wanda ke tashi daga Martim Moniz ya ratsa Graça da Alfama. Shi ma yakan cika maƙil da rana, layi ya yi tsawo.

Inda tazara ta fi faɗi a wurina ita ce bayani. A bas ana ba ka abin saƙalawa a kunne, ka zaɓi harshe, murya da aka naɗa ta riƙa gaya maka sunan abin da ke dama da hagu. Tana da amfani, sai dai ba ta jin tambaya, kuma idan cunkoso ya tsayar da motar sai bayani ya yi gaba ko ya yi baya da abin da kake kallo. Jagora mutum ne, za ka tsayar da shi. Namu ya tsaya da mu a Baixa, unguwar tsakiyar garin, ya nuna yadda titunan suka miƙe sambal kamar an ja su da zare, alhali unguwannin gefe duk a murɗe suke. Dalili shi ne girgizar ƙasar 1 ga Nuwamba 1755, da ambaliyar teku da gobarar da suka biyo baya, sun rushe tsakiyar garin, aka sake gina shi a kan sabon tsari ƙarƙashin Marquês de Pombal, babban ministan sarki na lokacin. Alfama ta tsira da yawancin lungunanta, shi ya sa take yadda take. Da na tambaye shi asalin sunan, ya ce daga Larabci ne, al-hamma, wato maɓuɓɓugar ruwan zafi. Musulmi sun mulki garin tun ƙarni na 8 har 1147, lokacin da Sarki Afonso Henriques ya ci shi, aka tattara waɗanda suka rage a unguwar da har yau ake kira Mouraria, kafin dokar 1496 ta Sarki Manuel ta kore su tare da Yahudawa. A Belém kuma, inda Vasco da Gama ya tashi zuwa Indiya a 1497, bayan ya gama maganar hasumiyar da ke bakin ruwa da babban ginin Jerónimos, waɗanda UNESCO ta sanya cikin kayan tarihin duniya a 1983, na tambaye shi 'yan Afirka fa? Bai kauce ba. Ya ce a tsakiyar ƙarni na 16 kusan kashi 10 cikin 100 na mazauna Lisbon bayi ne, yawancinsu daga Afirka, kuma akwai titin da har yau sunansa Poço dos Negros, ramin baƙaƙe, don a yankin ne aka haƙa ramin da ake zuba gawarwakinsu. Maganar ta zauna mini a rai har na bar garin. Da ban samu wanda zan tambaya ba, da na kalli hasumiya na ɗauki hoto na wuce.

Gaskiya jagora suna suka tara. Wani haddar bayani ya yi, yana sauri ya gama. Kafin ka biya, duba abin da waɗanda suka riga ka suka rubuta, ka nemi ayari ƙarami, ka tabbatar da harshen da za a yi bayani da shi.

To ga sharaɗin da na ce. Inji yana ɗauke maka wahalar hawa, amma ba ya koya wa mutum tuƙi, kuma ta fuskar haɗari bas ta fi keke kwanciyar hankali nesa ba kusa ba. Keke mai lantarki yana da nauyi, kilo 20 zuwa 25, wani ma ya fi, kusan ninkin na gargajiya. Kana tafiya ba ka jin nauyin, sai ka zo tsayawa ko juyawa a hankali, ko gangara. Gangaren Lisbon shi ne abin tsoro, ba hawanta ba. A riƙe birki biyun tare, a sassauta, a sake riƙewa, kada a damƙe na gaba shi kaɗai. A yawancin kekunan ƙasashen da ke tuƙi ta dama, har da Fotugal, birkin gaba yana hannun hagu, amma gwada da kanka kafin ka tashi. Sai layin dogon taragon titi, wanda ke nutse a cikin kwalta da ɗan rami daidai faɗin taya. Ni ma ya kama ni a wata kwana. Na bi shi a kwance maimakon in tsallaka shi a gicciye, tayar gaba ta faɗa ciki, keken ya ƙi juyawa, na dira ƙafa da sauri na tsira da ɗan kurjewa a idon sawu. Jagoran ya riga ya gargaɗe mu tun a farko, ni ne hankalina ya tafi kan wani gini. Idan an yi ruwa, ƙarfen layin da duwatsun daɓen duk sulɓi suke yi. Ranar ruwa ka bar keke, ka shiga bas ka zauna a ƙasa.

A nan ne amfanin jagora ya fi na karɓar hayar keke kai kaɗai. Ya san titin da motoci suka yi ƙaranci, ya san hawan da ke da sauƙi ta bayan tudu, ya san inda layin dogo yake yankan hanya. Kai baƙo da waya a hannu kana bin taswira, ido ɗaya a allo ɗaya a titi, ba na ba ka shawarar haka a garin nan, balle bayan shekara 15.

Ta fuskar lokaci bas ta fi sakin mara. Tikitinta na awa 24 ne ko 48, ka sauka inda ka ga dama, ka shiga gidan tarihi, ka huta, ka jira ta gaba. Yawon keke yana da lokacin tashi da na dawowa, galibi awa 3 ko kusa da haka, kuma ba a shiga cikin gine-gine, daga waje ake tsayawa a yi bayani a wuce. Idan burinka ka shiga Jerónimos ka daɗe kana kallon sassaƙar duwatsu, keke ba zai ba ka wannan ba. Haka idan da tsoho ko ƙaramin yaro a tare da kai, ba sai an yi dogon tunani ba, bas ce.

Rana kuwa duka biyun tana dukansu. A saman bas kana zaune ne a fili babu inuwa, a keke iska na kaɗa ka har ka manta kana ƙonewa. Da bazara iskar arewa takan taso da yamma, tana da ƙarfi a bakin ruwa, shi ya sa yawon safe ya fi daɗi.

Da ni ne kai, ga yadda zan raba kwana ɗaya da rabin nan. Kafin tafiya ka ari keke ka yi zagaye biyu ko uku a fili, ka ga ko hannu da ƙafa sun tuna: ka iya tashi ba tangaɗi, ka waiwaya baya ba tare da keken ya karkace ba, ka saki hannu ɗaya ka nuna inda za ka juya. Idan waɗannan ukun sun samu, ka yi rajistar yawon keke na safiyar ranar farko. Da yake gwiwa na damunka, kuma hannu ya daɗe bai riƙe birki ba, zaɓi hanyar bakin ruwa zuwa Belém, ko wadda jagora zai hau da ku ta hanya mai sauƙi ku gangaro a hankali, ka bar mai tuddai bakwai sai wani zuwan. Lokacin da ya rage ka koma inda ya fi burge ka, ta jirgin ƙasan da ke tashi daga Cais do Sodré ya tsaya a Belém, ko taragon titi mai lamba 15, ka shiga ciki a natse.

Ranar yawon ka isa da minti 20 kafin lokaci. Ka nemi keke mara sandar tsakiya, wanda za ka zura ƙafa ta gaba ba sai ka ɗaga ta ta baya ba, zai tausaya wa gwiwar. A daidaita maka sirdi yadda ƙafa za ta kusa miƙewa idan feda ta kai ƙasa, domin sirdi mai gajarta shi ke ƙara wa gwiwa ciwo. Ka sa hular kwano ko da ba a tilasta ba, ka sa rufaffen takalmi, dogon tufafi kuma a tattare shi kada ya shiga sarƙa. Ka gaya wa jagoran maganar gwiwar da ta shekara 15 tun kafin a tashi, ka roƙe shi ya sa ka a bayansa kai tsaye. Idan ka yi zagayen gwaji a dandali ka ji keken na rinjayarka, ka mayar musu da shi, tashar bas ba ta da nisa daga Praça do Comércio.