Na je don Maggie Smith, na tarar da hirar tsofaffi huɗu

Saboda 'yar wasan Birtaniya Maggie Smith na biya kuɗin hayar fim ɗin Nothing Like a Dame a intanet. Yawancinmu a Harry Potter muka fara saninta tana Farfesa McGonagall, wasu kuma a shirin talabijin na Downton Abbey, inda ta fito a tsohuwar gidan masu sarauta mai baƙar magana. Bayan ta rasu a watan Satumban 2024 tana da shekara 89, sai na so in ji ta tana magana da bakinta, ba da rubutun wani ba.

Fim ɗin na 2018 ne, Roger Michell ya ba da umarni, kuma bai cika awa ɗaya da rabi ba. Babu labari a ciki, zallar hira ce. An zaunar da Maggie da Judi Dench da Eileen Atkins da Joan Plowright, dukansu 'yan wasa masu lambar girma ta Dame, a gidan Plowright da ke karkarar Ingila, gidan da ta zauna da mijinta, shahararren ɗan wasa marigayi Laurence Olivier. A lambu suka fara, ruwan sama ya koro su cikin gida, hira ta ci gaba.

Abin da na nema na samu, ko da ba duka ba. Ashe kaifin harshen nan ba marubutan Downton ne suka ba ta aro ba, nata ne na kanta. Ba ta cika dogon zance ba. Sai ta bari kowa ya gama, ta ɗan karkata kai, ta jefa kalma uku ko huɗu, wurin ya kaure da dariya ita kuwa ko murmushi da ƙyar. Inda ya fi kama ni shi ne labarin wasan kwaikwayon Othello a gidan wasa na National Theatre da ke Landan, lokacin da take Desdemona, matar Othello, Olivier kuma ya shafe jikinsa da baƙin fenti yana Othello, abin da yau ba wanda zai lamunta. Ta ce ya taɓa sharara mata mari na gaske a kan dandamali har ta ga taurari. A gidansa take ba da wannan labari, matarsa na zaune kusa da ita. Ta kuma ce an ba ta faifan Downton gaba ɗaya amma ba ta kalla ba. Shirin da ya kawo mata kyautar Emmy har uku ke nan fa.

Akwai wurin da jikina ya yi sanyi. Plowright ta riga ta makance a lokacin, idon Judi Dench ma ya yi rauni, ga zancen na'urar ƙara ji, amma duk da zolaya suke faɗa. Har Plowright tana tsokanar Judi cewa ta kwashe duk wani matsayin tsohuwa a finafinai ba ta bar wa kowa ba.

Matsalata da fim ɗin ita ce an yi shi ne don wanda ya riga ya san su. Sunayen daraktoci da 'yan wasan dandamalin Landan na shekarun 1960 sai zubowa suke, ba mai tsayawa ya ce ga wane ne. Tsofaffin hotunan bidiyon suna da kyau ƙwarai, sai dai kafin ka gyara zama an ɗauke. Mai son tarihin Maggie a jere, daga haihuwarta a Ilford a 1934, da tashinta a Oxford inda ta fara hawa dandamali a 1952, zuwa Oscar biyu da ta ci, ba a nan zai samu ba. Ga shi an raba lokacin gida huɗu, ita kuma can wajen ƙarshe gajiya ta fara bayyana a fuskarta.

Turancinsu ma sai an kasa kunne, don suna katse juna suna dariya a tsakiyar magana. Sai da na kunna rubutun ƙasan allo kafin na riƙa kama barkwancin, shi ma wani lokacin yana makara.

Kuɗina dai bai tafi a banza ba. Amma wanda McGonagall kaɗai ya sani, ya fara neman The Prime of Miss Jean Brodie na 1969, fim ɗin da ya ba ta Oscar ta farko, ya ga yadda take a kan ganiyarta tana malamar makarantar 'yan mata a Edinburgh, sannan ya zo ya biya kuɗin wannan hira.