Indian Kanoon da shari'o'in filayen haikalin Hindu: yadda na same shi

Na shafe makonni ina amfani da shafin Indian Kanoon domin wani nazari da nake yi a kan dukiyar da ake keɓewa wuraren ibada, kuma abin da ya kai ni gare shi tambaya ce guda ɗaya: idan aka yi jayayya a kan gonar da aka sadaukar wa haikalin Hindu a Indiya, wa kotu take ɗauka a matsayin mai ita? Shafin, wanda Sushant Sinha ya buɗe a 2008, rumbu ne na dokoki da hukunce-hukuncen Kotun Ƙoli da manyan kotunan jihohin ƙasar, kuma bincike da karatu a cikinsa kyauta ne.

Amsar tambayata ta fito fili a hukuncin da Kotun Ƙoli ta yanke a watan Satumba na 2021 tsakanin gwamnatin jihar Madhya Pradesh da wata ƙungiyar masu hidimar haikali, waɗanda ake kira pujari. Gwamnatin jihar ta fitar da umarni a 1994 da 2008 cewa a cire sunayensu daga littattafan rajistar filaye, domin gudun kada su riƙa sayar da gonakin haikali kamar nasu na gado, su kuma suka garzaya kotu. Kotun Ƙoli ta ce abin bautar da ke cikin haikalin shi ne mai filin a idon doka, sunansa ne za a rubuta a gurbin mai mallaka, pujari kuwa mai kula ne kawai. Duk wanda ya san hukuncin wakafi ba zai ji wannan a matsayin baƙon abu ba, tunda mai kula da wakafi ba ya sayar da shi, ba a kuma gadonsa daga hannunsa, ko da yake tushen da aka ɗora hukuncin a kai ya sha bamban ƙwarai.

A nan ne shafin ya fi burge ni. A saman kowane hukunci akwai mahaɗa biyu, ɗaya tana kai mai karatu ga hukunce-hukuncen da alƙalai suka kafa hujja da su, ɗayar kuma tana nuna waɗanda suka zo daga baya suka kafa hujja da shi. Da bin waɗannan mahaɗai na koma baya har zuwa shari'ar iyalan Mullick ta 1925, lokacin mulkin Turawan Ingila, inda aka tabbatar da cewa abin bautar Hindu yana da matsayin mutum a shari'a, yana iya mallakar dukiya, yana iya kai ƙara ta bakin wakilinsa da ake kira shebait. Aikin da a ɗakin karatu zai ci kwanaki ana ɗauko kundi ana mayarwa, na yi shi a dare ɗaya ina zaune da wayar hannu da littafin rubutu a gefe.

Haka kuma na ci karo da hukuncin 2007 a kan hukumar kula da haikalai ta Cochin a jihar Kerala, inda Kotun Ƙoli ta yi kakkausar magana a kan waɗanda aka ba amanar dukiyar wuraren ibada suke haɗa baki ana cinye ta, har ta kwatanta su da shingen da ke cinye amfanin gonar da aka kafa shi ya tsare. Abin da ya taɓa ni shi ne kotun ba ta tsaya ga haikali kaɗai ba, ta ce wajibi ne kotuna su kare dukiyar cibiyoyin addini da na jinƙai.

Hukuncin Ayodhya na 9 ga Nuwamba, 2019, a kan jayayyar Hindu da Musulmi game da filin masallacin Babri da ke garin Ayodhya, shi ma yana nan cikakke, amma sai mai haƙuri, domin ya haura shafi dubu. Alƙalai biyar ƙarƙashin babban alƙalin ƙasar na lokacin, Ranjan Gogoi, sun ba da filin da ake jayayya a kansa, eka 2.77, domin gina haikalin Ram, ɗaya daga cikin abubuwan bautar Hindu, suka umarci a ba hukumar wakafin Sunni eka 5 a wani wuri. Wanda ya karanta asalin rubutun zai ga abin da labaran jarida suka yi wa wucewar hanzari: kotun ta amince abin bautar mutum ne a shari'a, amma ta ƙi ba filin kansa wannan matsayi, ta kuma bayyana rushe masallacin Babri a 1992 da keta doka.

Ya kamata mai niyyar shiga ya san iyakar abin da zai samu. Hukunce-hukuncen da na karanta duk da Turancin kotu suke, kuma cike suke da kalmomin gida irin su inam da devaswom da mahant, waɗanda alƙalan suka ɗauka kowa ya sani. Kowace jiha kuma da tata dokar. Ta Tamil Nadu ta 1959, alal misali, ta soke duk wani sayarwa ko jingina ko hayar da ta wuce shekara biyar da aka yi wa filin haikali ba tare da izinin kwamishina ba, kuma kuskure ne a ɗauki wannan ƙa'ida a ɗora wa Kerala ko Madhya Pradesh ba tare da an duba tasu ba. Saboda haka nakan taƙaita bincike zuwa kotu ɗaya da tsakanin shekaru ƙalilan, abin da shafin ya sauƙaƙa, kafin na fara karatu.

Ga ɗalibin shari'a ko mai nazarin wakafi da ke son ganin yadda wata ƙasa take raba mai mallaka da mai riƙo, ina ba da shawarar ya fara da hukuncin Madhya Pradesh, domin gajere ne kuma a sarari yake, sannan ya bi mahaɗansa zuwa baya kafin ya tunkari na Ayodhya.